Binciken da ba shi da ranar ƙarewa: ina ikon kotu ya kai a kan aikin 'yan sanda?

Mutum biyu ne ke shan wuya idan binciken 'yan sanda ya ƙi ci ya ƙi cinyewa. Na farko shi ne wanda ya kai ƙara. A ce an ɗauke masa babur a bakin kasuwar Muda Lawal da ke Bauchi, ya je caji ofis ya ba da bayani, aka rubuta, aka haɗa shi da ɗan sandan da zai bi maganar. Sati ya zagayo, wata ya kama, duk ranar da ya leƙa sai a ce masa, "Baba, ka ƙara haƙuri, ana kan bincike." Na biyu shi ne wanda aka kama. Yana can bayan kanta, ko ma an riga an wuce da shi gidan gyaran hali, danginsa suna ta safa da marwa, su ma amsar da suke samu ke nan. Ɗaya yana so a motsa, ɗaya yana so a sake shi ko a kai shi gaban alƙali. Abin da ya danne su duka biyun ɗaya ne: ba wanda ya yanka wa binciken ranar ƙarewa.

Shin kotu tana da ta cewa a nan? Tana da ita, amma ba a raba ta daidai ba. Dokokinmu sun ba alƙali iko mai yawa a kan wanda ke tsare, fiye da yadda mafi yawan mutane suka sani. Wanda ya kai ƙara kuwa, kusan an bar shi da ƙafarsa da bakinsa.

Sai an fara gane yadda aka raba aikin kafin a gane dalili. Bincike na 'yan sanda ne, kuma rundunarsu ɗaya ce tak a ƙasar nan, ta Tarayya, kamar yadda sashe na 214 na tsarin mulkin 1999 ya tanada. Ikon shigar da ƙarar laifi, ko karɓe ta daga hannun wani, ko janye ta, yana hannun Antoni Janar, wato kwamishinan shari'a a matakin jiha, a ƙarƙashin sashe na 211. Alƙali shi ne na ƙarshe, wanda ake kawo wa abin da aka tattara ya auna. Da gangan aka hana shi shiga bincike, kuma ina ganin hakan daidai ne. Alƙalin da ya fita neman shaida da kansa ya riga ya ɗauki ɓangare, ba zai dawo ya zauna ya yi adalci tsakanin mai zargi da wanda ake zargi ba.

Kotun Ƙoli ta ja wannan layi a shari'ar da marigayi Cif Gani Fawehinmi ya yi da Sufeto Janar na 'yan sanda. A 1999 Gani ya nemi a binciki takardun karatun da gwamnan Legas na lokacin, Bola Tinubu, ya gabatar. 'Yan sanda suka ƙi, suka ce gwamna yana da rigar kariya. Gani ya garzaya kotu yana neman a tilasta musu. A 2002 Kotun Ƙoli ta ce rigar kariyar sashe na 308 ba ta hana a binciki gwamna ba, gurfanar da shi kawai ta hana. Amma duk da haka ba ta ba da umarnin tilastawar ba, domin a cewarta 'yan sanda suna da damar auna wace ƙara za su bi da yadda za su bi ta. A cikin hukuncin nan ne kuma aka faɗi wata magana da ya kamata a ce an manna ta a bangon kowane caji ofis: kuskure ne a kama mutum tukuna sannan a shiga neman hujjar da za a ɗaure shi da ita. Bincike ke gaba, kamu ke biye.

Ta ɗaya gefen ma haka ne. Kotuna ba sa son a mai da su garkuwar hana bincike. Kotun Ɗaukaka Ƙara ta faɗi haka a 2005 a shari'ar gwamnatin Anambra da Chris Uba, cewa mutum ya ruga kotu don a kare shi daga bincike katsalandan ne ga aikin da tsarin mulki ya ba jami'an tsaro. Akwai inda aka kauce wa wannan, kamar hukuncin wata kotun Tarayya a Fatakwal da ya hana EFCC kama tsohon gwamnan Ribas Peter Odili, kuma har yau lauyoyi suna kawo shi a matsayin misalin abin da bai kamata ba. Ke nan, a ƙa'ida, da wuya alƙali ya ce wa ɗan sanda "dole ka bincika", da wuya kuma ya ce masa "kada ka bincika".

To me ya rage masa? Lokaci. A nan ne ƙarfin kotu yake. Ba za ta koya wa ɗan sanda aikinsa ba, amma tana da ikon tambayarsa tun yaushe yake riƙe da mutum, da wane dalili, kuma har zuwa yaushe.

Sashe na 35 na tsarin mulki ya ce duk wanda aka kama a kai shi kotu cikin kwana ɗaya idan akwai kotun da ke da hurumi a tazarar kilomita 40, idan babu kuma kwana biyu, ko abin da kotu ta ga ya dace da yanayin. A faɗa masa dalilin kama shi a rubuce cikin awa 24, da harshen da yake ji. Yana da ikon yin shiru har sai ya gana da lauya ko wani da ya zaɓa. Idan aka tsare shi wata biyu ba a yi masa shari'a ba, a sake shi, ko da sharaɗi ko ba sharaɗi. Idan kuwa tsarewar ta saɓa doka, a biya shi diyya a kuma ba shi haƙuri a bainar jama'a. Sai dai akwai togaciya: wa'adin nan bai shafi wanda ake zargi da laifin da hukuncinsa kisa ne ba. Ta wannan kafar ce mutane da yawa suke zurarewa su ɓace, domin da zarar an rubuta "fashi da makami" a kan takarda, ko da wayar hannu ce aka ƙwace a rigimar unguwa, lissafin ya sauya.

A yi tunanin kilomita 40 ɗin nan a ƙasarmu. Bauchi tana da ƙananan hukumomi 20, Gombe tana da 11. A cikin garin Bauchi, ko Azare, ko Misau, ko Gombe, ko Kaltungo, ba wani uzurin nisa. Kotu tana nan kusa, wani lokaci ma da ƙafa za a je. Duk da haka kowa ya san kamun ranar Juma'a da yamma, wanda aka san sarai ba kotun da za ta zauna sai Litinin.

Wanda ya taɓa kai wa ɗan'uwansa abinci caji ofis ya san yadda wurin yake. Takalma da bel da huluna a jibge a gefe guda. Uwa tsaye da kular abinci, an ce ta ɗanɗana kafin a miƙa. A bango an rubuta da manyan baƙaƙe cewa beli kyauta ne, a ƙarƙashin rubutun kuma ana ciniki ƙasa-ƙasa. Ba ta san laifin da aka rubuta wa ɗanta ba, ba ta san ko an ma rubuta sunansa a littafi ba. Wannan littafin, rajistar kamu, shi ne abin da doka ta ɗora komai a kansa.

A watan Mayun 2015 Shugaba Goodluck Jonathan ya sa hannu a dokar gudanar da shari'ar laifuka ta Tarayya, wadda lauyoyi ke kira ACJA. Jihohi suka bi baya da nasu, Bauchi da Gombe ma kowacce tana da tata, wadda ta gaji tsohon kundin tafiyar da shari'ar laifuka da Arewa ke aiki da shi tun 1960. Sannan a Satumbar 2020 Shugaba Muhammadu Buhari ya sa hannu a sabuwar dokar 'yan sanda, wadda ta maye gurbin ta 1943, ta kuma kwaso muhimman tanade-tanaden ACJA ta zuba a cikinta. Wannan yana da muhimmanci. Tunda rundunar ta Tarayya ce, DPO na Dukku ko na Ningi ba shi da bakin cewa wannan dokar Abuja ce. Tasa ce.

Abu biyu a cikin dokokin nan su ne zuciyar maganar. Na farko, ranar aiki ta ƙarshe a kowane wata, shugaban kowane caji ofis zai aika wa majistare mafi kusa da shi jerin duk waɗanda aka kama ba da takardar izinin kotu ba, da waɗanda aka ba beli da waɗanda ba a ba ba. Majistare zai miƙa rahoton ga kwamitin sa ido kan shari'ar laifuka. Idan rahoto bai zo ba, zai sanar da Babban Jojin jiha da Antoni Janar. Na biyu, aƙalla sau ɗaya a wata, babban majistare ko wanda Babban Joji ya wakilta zai taka da ƙafarsa ya je caji ofisoshin da ke yankinsa. Sashe na 33 da na 34 ke nan a ACJA.

Ba ziyarar gaisuwa ba ce. Majistare yana da ikon a ɗauko masa rajistar kamu da takardun beli ya duba. Yana da ikon ya ce a kai wane kotu. Yana da ikon ya ba da beli a nan take idan laifin yana cikin huruminsa. Jami'in da ya hana shi ganin takardu ya aikata laifin rashin ɗa'a da za a hukunta shi a kai. Wuraren tsare mutane na sauran hukumomin Tarayya kuwa, alƙalin babbar kotu ne ke da alhakin leƙa su. A watan Yunin 2018 Alƙalin Alƙalan Nijeriya na lokacin, Walter Onnoghen, ya umarci manyan jojin jihohi su sa majistarorinsu su riƙa yin wannan zagaye.

A duba abin da ke faruwa idan an yi shi da gaske. An buɗe ƙofar sel, an fito da mutane an jera. Majistare yana riƙe da littafi, yana kiran suna yana duban fuska. "Yaushe aka kawo ka?" "Ranka ya daɗe, tun kafin sallah." Ya duba littafi ya ga an rubuta shekaranjiya. Ko ya ƙirga mutum goma sha biyu a gabansa, littafi ya nuna tara. Ko ya ga dattijo ya tambayi laifinsa, a ce ɗansa ake nema ya gudu. Wannan na ƙarshe doka ta haramta shi ƙarara: ba a kama wani a madadin wani, ba uba, ba mata, ba ƙane. Duk waɗannan abubuwa ba sa bukatar lauya, ba sa bukatar kuɗin shigar da ƙara. Ido da littafi kawai suke bukata. Shi ya sa a ganina, cikin duk abin da aka rubuta a dokokin nan, babu wanda ya fi wannan ziyara amfani ga talaka, babu kuma wanda ya fi ta arha.

Inda take da rauni ma ba ɓoyayye ba ne. Majistaren da aka ɗora wa aikin yana da tarin shari'o'i a gabansa, sau da yawa ba mota ba mai. Idan an san ranar zuwansa, sel yana iya wayewa fes, an kwashe mutane an kai wani wuri ko an sallame su da daddare. Ga kuma kunya irin tamu: majistare da DPO a gari ɗaya suke, masallaci ɗaya, 'yan sandan DPO ɗin ne ke gadin kotun kuma su ke gabatar da ƙara a gabansa. Ba ƙaramin ƙarfin hali ake bukata ba kafin ka rubuta rahoto a kan mutumin da za ku haɗu a sahu gobe da asuba. Abin da ya fi damuna kuwa shi ne jama'a ba sa ganin sakamakon. An je ko ba a je ba, an saki mutum nawa, wane ofis ne bai aiko da jerinsa ba, duk a cikin fayil suke kwana.

Akwai wata ƙofar da dangi za su iya ƙwanƙwasawa ba sai sun jira ƙarshen wata ba. Idan laifin ba na kisa ba ne, kuma awa 24 ta wuce ba a ba da beli ba, ana iya sanar da kotun da ke da hurumi a madadin wanda ke tsare, kotu kuma za ta ba da umarni a kawo shi ta ji dalili. ACJA ta yarda a nemi wannan belin ko da da baki ne. Ta kuma ce ba za a hana mace tsaya wa mutum ba don kawai ita mace ce. Mata nawa aka kora daga bakin kanta aka ce su je su nemo namiji?

Yanzu sai babban ramin, wato ajiya a gidan gyaran hali kafin shari'a. Ga yadda abin yake tafiya. An zargi mutum da kisan kai, ko fashi da makami, ko satar mutane. Babbar kotu ce kaɗai ke da hurumin irin waɗannan. Amma 'yan sanda ba su gama bincike ba, ba kuma za su ci gaba da riƙe shi a sel ba. Sai su rubuta rahoton farko, wanda a kotunan Arewa ake kira FIR, su kai shi gaban majistare. A karanta, ba a ma tambaye shi ya amsa ko bai amsa ba. Majistare ya ce ba shi da hurumi, a ajiye shi har a samu shawarar ma'aikatar shari'a, ya sa rana. Minti biyar an gama. Daga nan mutum ya zama ɗan jiran shari'a, kuma a gidajen gyaran halin ƙasar nan kusan biyu cikin kowane mutum uku irinsa ne, ba a yanke musu hukuncin komai ba.

Lauyoyi sun daɗe suna yaƙi da wannan tsari. A 2007, a shari'ar Lufadeju da Johnson, Kotun Ƙoli ta ce ajiyar da majistare ya ba da umarninta bisa doka ba ta saɓa wa tsarin mulki ba. Amma a 2012 kotun ECOWAS ta duba maganar Sikiru Alade, wanda aka kama a Legas a 2003 aka ajiye shi shekara tara ba shari'a, ta ce wannan tsarewa ce ba bisa ƙa'ida ba, a sake shi a biya shi diyya. ACJA ta bi ta tsakiya. Ta bar ajiyar, amma ta ɗaura mata agogo. Umarnin farko ba zai wuce kwana 14 ba. Ana iya ƙara wasu 14 idan an kawo dalili a rubuce. Idan sun cika ba a gurfanar da shi ba, kotu da kanta za ta aika wa shugabannin 'yan sanda da Antoni Janar takardar gayyata su zo su faɗi dalilin da zai hana a sake shi. In sun gamsar da ita, ta ƙara wa'adi na ƙarshe. In ba su gamsar ba, ta sallame shi. Idan aka haɗa kwanakin gaba ɗaya ba su cika wata biyu ba. Wasu jihohi sun ɗan sauya adadin a nasu dokokin, amma ginshiƙin ɗaya ne: ba a ajiye mutum sai baba-ta-gani.

Me ya sa ake samun wanda ya shekara uku, huɗu? Domin agogon ba ya bugawa da kansa, sai wani ya duba shi. Kundin binciken ya kamata ya tashi daga teburin ɗan sanda mai bincike ya isa ofishin daraktan gabatar da ƙararraki a ma'aikatar shari'a, su kuma a dokar Tarayya kwana 14 aka ba su su fitar da shawara, ko a gurfanar ko a saki. A hanya ne abin ke lalacewa. An yi wa mai binciken canjin wurin aiki zuwa wata jiha, ya tafi ba wanda ya karɓi fayil ɗin. Ko ba a kwafi takardun ba don ba kuɗin kwafi. Ko rahoton likita bai fito ba. Ko ranar zaman kotu ta zo ba motar da za ta ɗauko shi. Kowane ofis yana da uzurinsa, kuma kowane uzuri yana da ƙamshin gaskiya. Sai ranar ta zo, mai gabatar da ƙara ya miƙe ya ce, "Ya mai shari'a, har yanzu muna jiran shawara," a ɗage. Majistaren da ya amince da wannan jimla sau goma ba tare da ya kira kowa ya yi bayani ba, ya ajiye makamin da doka ta damƙa masa.

Lokacin da aka yi samame a kan 'yan sara-suka a Bauchi ko 'yan kalare a Gombe ne wannan ya fi fitowa fili. Mutanen gari sun gaji da ta'asar yaran nan, kuma suna da gaskiya. Amma kamun kan mai uwa da wabi yana haɗawa da ɗan acaɓa da mai shayi da ɗalibin da ya dawo daga karatun dare. Idan ba a tace su a makon farko ba, mai laifi da marar laifi za su kwana ɗaki ɗaya shekara da shekaru, kuma yaron da ya shiga ba ya shan ko taba ba haka zai fito ba.

Ziyarar da Babban Joji ke kaiwa gidajen gyaran hali, wadda wata doka ta 1977 ta ba shi ikon sakin wanda tsarewarsa ta saɓa doka ko wanda ya daɗe fiye da hukuncin laifin da ake zarginsa da shi, tana ceton mutane, ana kuma yi musu murna. Sai dai duk wanda aka saka a ranar shaida ne cewa an yi watanni ana tsallake sunansa a ƙasa.

Mu koma kan mai babur. Shi wa zai duba masa agogo?

Dokar 'yan sanda ta 2020 ta ce idan aka kai rahoton laifi, wajibi ne su bincika bisa ƙa'ida su kai sakamakon ga Antoni Janar. Amma ba ta ce cikin kwana nawa ba. Jerin da DPO ke aika wa majistare na waɗanda aka kama ne, ba na ƙararrakin da aka karɓa ba. Saboda haka ƙarar da ba a kama kowa a kanta ba, kotu ba ta ma san da ita ba. Tana nan kamar tukunyar da aka ɗora aka janye itacen, ba a sauke ba, ba ta kuma dahuwa.

Hanyoyin da ke gabansa ba su da yawa. Yana iya rubuta takardar koke zuwa ga kwamishinan 'yan sanda na jiha, ko ofishin shiyya ta 12 da ke Bauchi, ya nemi a ɗauke maganar daga inda ta kwanta. Ya tabbata an buga masa hatimin karɓa a kan kwafinsa, da kwanan wata, domin wannan takardar ce kaɗai za ta yi magana daga baya. Idan ɗan sandan ne ya ci amanarsa, akwai sashen karɓar ƙorafi da rundunar ta buɗe a 2015 zamanin Sufeto Janar Solomon Arase, akwai Hukumar Kula da Ayyukan 'Yan Sanda mai ikon ladabtarwa, akwai Hukumar Kare Haƙƙin Ɗan Adam ta Ƙasa. Duk waɗannan ba kotu ba ne.

Hanyar da ta fi kusa da kotu tsohuwa ce a Arewa: ƙarar kai tsaye. Idan mutum ya san wanda yake zargi, yana iya zuwa gaban majistare ya shigar da ƙorafinsa ba ta hannun 'yan sanda ba. Alƙali yana iya tura maganar ga 'yan sanda su bincika su kawo masa rahoto. Amfaninta shi ne yanzu maganar ta samu lamba a rajistar kotu, ta samu ranar dawowa, kuma akwai wanda zai tambaya. Haɗarinta kuma shi ne yadda wasu ke amfani da ita don ɗaukar fansa, a mai da rigimar gado ko ta gona laifi, a sa a ɗauko abokin gaba. Alƙalin da ya tura irin wannan ƙara ya manta da ita bai taimaki kowa ba. Wanda ya tura ya sa rana, ranar ta zo ya nemi rahoto, shi ne ya yi aikin.

Wani abu da ke cinye lokacin da ya kamata a ba mai babur shi ne bashi. Doka ta ce ba a kama mutum saboda rigimar ciniki ko saɓa alkawari, Kotun Ƙoli ma ta sha faɗin cewa jami'an tsaro ba 'yan karɓar bashi ba ne. Amma wanda ke bin kuɗin buhunan masara ya san caji ofis ya fi kotu sauri, sai a rubuta "zamba cikin aminci" a ajiye mutum har danginsa su haɗo rabi. A nan laifin ba na 'yan sanda kaɗai ba ne. Mu ne ke kai musu, mu ne kuma ke kuka idan aka kai mu.

Wanda aka zalunta yana da damar kai ƙara babbar kotu a ƙarƙashin sashe na 46 na tsarin mulki. Ƙa'idojin da Alƙalin Alƙalai Idris Legbo Kutigi ya fitar a 2009 sun sauƙaƙa wannan ƙwarai: wani yana iya shigar da ƙarar a madadin wanda ke tsare, kuma daɗewar lokaci ba ta kashe ta. Dokar hana azabtarwa ta 2017 ta tanadi ɗaurin da zai iya kaiwa shekara 25 ga jami'in da ya azabtar da mutum, dokar shaida ta 2011 kuma ta hana karɓar amsa laifin da aka samu ta hanyar matsi. Ana cin irin waɗannan shari'o'i. Karɓar kuɗin diyyar ne aiki, domin wata tsohuwar doka ta ce kafin a taɓa kuɗin da ke hannun jami'in gwamnati sai da amincewar Antoni Janar. Mutum ya ci gwamnati a kotu, sannan ya koma neman iznin lauyan gwamnati kafin a biya shi.

Ba zan rufe ido a kan halin da mai binciken yake ciki ba. Sau da yawa ba shi da takardar rubutu, ba man da zai je inda abin ya faru, ga fayil sun fi ƙarfinsa. "Kuɗin mai" da ake karɓa a hannun mai ƙara haramun ne, amma wani lokaci da gaske man ake saya. Sakamakonsa dai ɗaya ne: ƙarar mai hali tana tafiya, ta marar hali tana kwanciya. Umarnin kotu ba zai zuba mai a mota ba. Abin da zai yi shi ne ya fito da matsalar fili, a san ofis kaza yana da ƙararraki kaza da suka kwana saboda dalili kaza, maimakon a bar ta tsakanin kofur da talaka.

Akwai gyaran da Bauchi da Gombe za su iya yi ba tare da jiran Abuja ba. Ofishin Babban Joji ya riƙa fitar da sakamakon ziyarar majistarori ga jama'a duk bayan wata uku: ofisoshin da aka leƙa, adadin waɗanda aka samu a tsare, waɗanda aka ba beli, da ofisoshin da ba su aiko da jerinsu ba. Ziyarar ta zama ba sanarwa, kuma a tafi da lauyoyin Hukumar Ba da Agajin Shari'a da na ƙungiyar lauyoyi. Majalisun dokokin jihohin biyu kuma su ƙara sakin layi ɗaya a dokokinsu: duk wanda ya kai ƙara a ba shi 'yar takarda mai lamba da kwanan wata da sunan mai bincike, kuma rahoton da DPO ke aika wa majistare a ƙarshen wata ya ƙunshi duk ƙarar da ta wuce kwana 90 ba a rufe ta ba, ba a kuma kai ta kotu ba, tare da dalili.